Shaidar Yalwa a Gaban Kyamara

Shekara talatin Yalwa tana zaune a unguwar Nakkasa ta Makka ba iƙama, wato izinin zama, tana sayar da ƙosai, tana kauce wa duk inda ake tambayar takarda. Ranar Laraba aka aiko mata cewa Malam Muttaka yana nemanta.

Malam tsohon alƙali ne daga Sakkwato. Da can a ɗakinsa na unguwar Zahir yake sasanta mutane, ƙofa a rufe. Yanzu wata tashar Hausa ta ɗauke shi, yana sauraron ƙararraki kai tsaye duk Juma'a bayan la'asar, ana kallo har Agadas.

Maganar auren Lurwanu da Raghad ce aka kawo masa, kuma Yalwa kaɗai ta rage cikin waɗanda suka ga mahaifiyar Lurwanu tana shayar da Raghad wata biyu cur. Kwana biyu abinci bai shiga cikinta ba. Ta san zunubin ɓoye shaida, ta kuma san ba Hausawa kaɗai ke da talabijin a Makka ba.

Ranar Juma'a ta zauna gaban fitilu, gumi na bin bayanta. Bandar, mai shirya shirin, ya tunatar da Malam cewa ba a karɓar shaidar mace sai an san ko wace ce. Ya ce sai ta ɗage niƙabi, ta faɗi sunanta da unguwarsu. Hannunta ya tashi zuwa igiyar niƙabin.

"Dakata, Hajiya," in ji Malam. Ya dubi kyamarar ya daɗe, har Bandar ya shiga nuna masa agogo. Daga nan ya ce ya san baiwar Allah tun kafin a haifi mai nuna agogon, kuma sanin alƙali ya wadatar.

Ta faɗi abin da idonta ya gani, ba ragi ba ƙari. Malam ya yi salati, ya ce auren bai halatta ba. Raghad ta rufe fuska.

Yalwa ta hau tudun Nakkasa ana kiran magariba, tana hamdala a ranta. Daf da gida, Turki mai kanti ya leƙo.

"Ya Hajja, muryarki ce muka ji ɗazu, ko?"

Ta shige gida ta rufe ƙofa. Washegari ba ta fito da kaskon ƙosai ba.