Surin Bayan Gonar Inna Umma

Shekara arba'in Inna Umma ta Garo tana magani da wata laimar kwaɗi, 'yar fara mai jan baki, wadda ba ta fitowa ko'ina sai a jikin wani tsohon suri da ke bayan gonarta, daga kwana uku bayan ruwan farko. Yadda kakarta ta koya mata haka take yi: a tsinka da farce, ba a tugewa, in uku suka fito a bar ɗaya. Wanda baƙin ciki ya ɗaure wa baki ake kawo mata. Sai ya wuni bai ci komai ba, ta ba shi ɗan ɓalli a cikin nono, ta zauna gabansa tana addu'a har ya yi kuka ya dawo hayyacinsa.

Bara wani baƙo ya zo daga Kano, ladabi kamar ya kwanta a ƙasa, wai bincike yake yi. Ya sha fura, ya kira ta Inna. Ita kuwa baiwar Allah ba ta iya hana baƙo abin da ya roƙa ba, ta kai shi har gindin surin. Ya ɗaga waya ya ɗauki hoto, ya je ya watsa wa duniya.

Kafin kaka sai ga samari a kan babura, lafiyarsu garau, maye kawai suke nema. Ɗaya ya tuɓe riga a kasuwa yana ihu, aka fara cewa tsohuwar ce ke lalata 'ya'yan mutane. Matan da ta warkar da hannunta suka daina gaishe ta, abin da ya fi komai ƙona mata rai. Da laimar ta ƙare, marasa kunyar suka dawo da diga, wai iri za su kwasa.

Bana 'yarta Zinnira ta haihu, jaririn ya koma. Aka kawo ta gida, ta juya fuska ga bango, wata biyu ba ta ce uffan ba.

"Yi haƙuri 'yar nan," in ji Umma kullum, "ruwa ya kusa."

Ruwa ya sauka. Bayan kwana uku cif ta ɗauki ƙwarya ta tafi, duk da ta san abin da diga ta yi, tana dai fatan saura. Rami ta tarar, cike da jan ruwa da ledoji, garar ma ta ƙaura. Ta durƙusa tana lalube da yatsu har azahar.

Da ta shigo ɗaki, Zinnira ta waiwayo, karo na farko, tana duban hannunta. Umma ta buɗe tafin. Laka ce kawai.

Zinnira ta mayar da fuskarta ga bango.