Jan Biro a Gefen Shafi

Duk Litinin da Alhamis Titi ke zagaya gidajen unguwarmu da jakarta mai layi-layi. Bayarbiya ce, amma shekara ashirin a Azare sun sa Hausarta ta fi ta wasunmu. Man shafawa da sabulu take sayarwa, a ƙasan jakar kuma akwai littattafan soyayya na haya, kuma don su ake shimfiɗa mata tabarma. Doka ɗaya ta kafa, kada a yi mata rubutu a littafi. Ba wadda ta taɓa bi.

A gefen shafin wani littafi mai kashi uku Suwaiba ta ci karo da rubutun tsohuwar ƙawarta Hauwa. Jan biro ne, haruffan a kwance, tun suna firamare haka take rubutu. Gida bakwai ne tsakaninsu, amma shekara biyu ko sallama ba su yi wa juna ba. Dalilin kowa ya sani: lokacin da mahaifiyar Hauwa ta rasu a Disina, Suwaiba na wajen biki a Yana cikin anko, ba ta je gaisuwa ba sai rana ta takwas. Hauwa ta amsa mata kamar yadda ake amsa wa baƙuwa, ita kuma ta ji haushi ta ɗauke ƙafa.

A labarin, saurayi ne ya dawo bayan an ɗaura wa budurwarsa aure. Hauwa ta rubuta: "Me ya zo yi yanzu?" Suwaiba ta nemo baƙin biro ta rubuta a ƙasa: "Wataƙila kunya ce ta riƙe shi." A kashi na biyu jan biro ya amsa: "Kunya ba ta hana shi cin abinci ba." Haka suka yi ta yi wata guda, suna ɗora wa bawan Allahn nan laifin da ba nasa ba, sauran matan unguwa suna karantawa suna shan dariya.

Sai labari ya zo an yi wa Malam Hussaini, mijin Hauwa, canjin wurin aiki zuwa Dambam. Suwaiba ta yini ranta ba daɗi. Tana son ganin ƙawarta kafin tafiyar, ba ta kuma son a ce ita ta fara taka ƙafa. Ta san Hauwa daga ƙarshe take fara karanta littafi, don haka ta buɗe shafin ƙarshe na kashi na uku ta rubuta: "Ni na yi laifi ranar Inna. Ki yafe mini." Ta ba Titi ranar Alhamis, ta ce kada a ba kowa sai Hauwa. Daga nan ta zaƙulo tsofaffin zannuwa ta yayyaga ta ninke a bakin gado, don naɗe tangaran. Ita ta yi wa Hauwa jeren ɗaki ranar aurenta, ta san ba ta iya riƙe abin fashewa ba.

Litinin ta zo, Suwaiba ta tambaya kamar ba ta damu ba.

"Ta dawo da shi da safe," in ji Titi. "Matar Malam Uzairu ta karɓe, sati biyu tana jira."

Matar Malam Uzairu kuwa shafi biyar take karantawa barci ya ɗauke ta. Alhamis ta wuce, littafi bai fito ba. Suwaiba ta sa mayafi sau biyu, ta kai zaure ta dawo. Idan babu amsa fa?

Sai wata Litinin ɗin ya shigo hannunta. Ko zama ba ta yi ba ta juya shi. Ƙarƙashin layinta, da jan biro: "Motar kaya za ta zo Asabar da hantsi. Har yanzu ban iya ɗaure tangaran ba."

"Maman Lola," Suwaiba ta ce wa Titi, "wace Asabar?"

"Shekaranjiya mana." Titi na jera kwalaben mai a tabarma. "Sai da ta sa direba ya tsaya a bakin rumfata a kasuwa, wai ko kin karɓi littafin. Na ce bai zo kanki ba tukuna. Ta ce to."

"Ba ki ga abin da ke ciki ba?"

"Ni haya nake bayarwa, Maman Talha, ba na karantawa. Da ɗayarku ta buɗe baki ta aike ni, da na kai."

Titi ta leƙa ta ƙofar ɗaki ta hango tsummokaran a ninke a bakin gado, ta tambaya na mene ne masu yawa haka.

"Na goge-goge ne," in ji Suwaiba.