Hoton Ranar Golmo

Samari sun sunkuya a gonar mahaifin Leah da ke Dabai, garemani na tashi suna sauka, yau har da Kefas mai neman aurenta a cikinsu. Golmo ake yi: saurayi ya kawo abokansa su yi wa surukinsa noma, damina bayan damina, kafin a ba shi mata. Sai dai tun da yayansa soja ya kawo masa kyamara daga Legas, garma ta zama baƙuwa a hannun Kefas.

Leah na sonsa, ba ta taɓa ɓoyewa ba. Abin da ke cin ranta shi ne ta manta rabon da ya dube ta da ido biyu. Kullum ɗaya a rufe, ɗaya a bayan gilashi. Ko kuka take yi, sai ya ce ta ɗan juyo wajen haske.

Jiya ta roƙe shi: "Baba ya ce in bai ga gumi a jikinka ba, magana ta mutu. Don Allah ka bar abin nan a gida."

Ya yi alkawari, ya kuma cika rabinsa: ya kama garma, kyamarar na cikin riga.

Da hantsi Leah ta shigo gonar da ƙwaryar kunu a ka, ranta fes, don ta hango shi a sunkuye. Ya ɗago, ya ga rana ta faɗo mata a kafaɗa. Ya saki garma.

"Tsaya nan! Kar ki motsa!"

Ta tsaya. Daga gindin ɗorawa mahaifinta na kallo. Kefas bai koma kan aikin ba sai da fim ya ƙare.

Bayan mako guda ya wanko hotunan a Zuru, ya kawo gidan su Leah yana washe baki. Tsohon ya karɓi na Leah, ya daɗe yana dubawa. Ba 'yarsa yake kallo ba. Can bayanta akwai wani saurayi a sunkuye, riga sharkaf, yana ƙarasa kunyoyin da Kefas ya bari.

Ya ɗora yatsa a kan saurayin. "Wanga ɗan wa ne?"

"Abokina ne, Baba, Japhet. Ka ga yadda ya fito tar?"

"Na gani," in ji tsohon, ya miƙa wa 'yarsa hoton.

Leah ta share hawaye da bakin zane. Sannan ita ma ta duba.