Allura Ashirin a Jikin Soso

Lasifika ake ce masa tun yana yaro, don in ya yi raɗa a ɗaki sai an ji a bakin titi. Da ya girma bakin nan ya zame masa sana'a. Fassarar finafinan waje yake yi, a wani ɗan ɗaki da aka manne bangonsa da kwalayen ƙwai, daga shi sai makirufo, sai mai haɗa sauti da ke bayan gilashi yana gyangyaɗi. Abin taƙamarsa shi ne bai taɓa kallon fim kafin ya fassara ba. A kunna kawai, ya bi shi a guje. Inda ya ji ya faɗa, inda bai ji ba ya cika da na cikinsa. Mutane kuwa na cikin nan nasa suke so. Tarin mai wankin layinsu ya shiga fim, munsharin surukinsa ma ya shiga, har a bakin wani shugaban 'yan fashi. Kowa ya yi dariya, surukin ne kawai ya yi wata guda ba ya amsa gaisuwa.

To yana da yaya mace, wadda ta goye shi bayan rasuwar mahaifiyarsu. Shekara ashirin da shida tana ɗinkin hannu a shagon kayan amare, tana jera duwatsu a wuyan riga. Hannun yana nan yadda yake, yatsunta sun san hanya ko da ta rufe ido. Idon ne ya fara cin amanarta. Ƙyalle tana gani, dutse tana gani, amma kafar allura ta ɓace mata ɗungurungum.

Sai suka ƙulla dabara. Kullum da safe kafin ta wuce aiki ta biyo ta gidansa, shi kuma ya zauna a bakin taga ya sa zare a allura ashirin, goma fari, shida ruwan zinare, huɗu baƙi, ya soke su a jikin soso ya jefa cikin gwangwanin alewa. Gwangwani biyu ne, ta ajiye na jiya ta ɗauki na yau. A shago in zare ya ƙare ta zaro wata, babu wanda ya lura. Ranar farko ta kama kunnensa ta murɗa kamar yadda take yi yana ƙarami.

"Ko matarka, ka ji ni? Ko matarka."

Ya rantse har da ɗaga yatsa sama. Kuma a faɗi gaskiya ya riƙe sirrin, wata bakwai cur, wanda a wajen Lasifika daidai yake da shekara bakwai.

Sai aka kawo wani fim na harbe-harbe. Wani direban motar asibiti ne masu bincike suka dasa wa ɗan ƙarfe a ƙeya, ƙwaƙwalwarsa ta buɗe gaba ɗaya. Harsashi ya taho ya tsayar da shi a iska da kallo, mota ta tare hanya ya ɗaga ta ba tare da ya taɓa ta ba, kuma duk wanda ya gifta yana jin abin da ke zuciyarsa. A tsakiyar fim ɗin ya shiga tashar jirgin ƙasa ana bin sa, zukatan mutane suka taso masa a kunne, raɗa kan raɗa, minti uku. Lasifika ya danna abin ji a kunnensa, ko kalma ɗaya bai tsinta ba. Shiru kuwa a wajensa abin kunya ne. Ya ba wani mai ƙaton ciki tunanin abincin rana, ya ba wata budurwa tunanin takalmin da ya matse ta. Can hoto ya tsaya a kan wata dattijuwa rungume da ƙyalle, tana ƙanƙance ido. Kafin ya ankara bakinsa ya riga shi, da 'yar siririyar murya:

"Allah Ka rufa min asiri kada su gane ba na ganin kafar allura. Guda ashirin ƙanena ya sa min zare da safe, saura huɗu a gwangwani."

Mai haɗa sauti ya farka yana dariya har da buga tebur. Sai a lokacin Lasifika ya gane abin da ya faɗa. Kalma ɗaya zai ce a goge wurin, aikin daƙiƙa biyar. Amma dariyar nan ta yi masa daɗi, sai ya ce a ransa, wa zai gane?

Ya manta cewa akwai talabijin a bangon shagon amare, don masu jiran kaya. Ya kuma manta cewa Yaya ce da kanta take cewa a sa finafinan ƙanenta, ta ɗaga kai tana gaya wa baƙi ai muryar nan a bayanta ta yi wayo.

Sauran labarin daga bakin matarsa ya ji, bayan ya zauna da ɗaya gwangwanin a cinya har rana ta take Yaya ba ta zo ba. Ta ce da aka zo wurin tashar, 'yan matan shagon suka kwashe da dariya, sai dariyar ta riƙa mutuwa ɗaya bayan ɗaya, don gwangwanin yana nan a buɗe kusa da gwiwar Yaya. Mai shagon ba ta yi faɗa ba. Allura ta ɗauko da zare, ta miƙa mata a gaban kowa, ta ce ta ɗan sa mata. Yaya ta lashi bakin zaren, ta gwada, ta sake lasa. A karo na uku ta ajiye a tebur. Mai shagon ta ce ba za ta iya kasada da rigar amarya ba, amma akwai guga a ɗakin baya in tana so. Yaya ta yi godiya, ta ɗauki almakashinta ta fita.

Matar tasa ta ƙara da cewa ita dai an ɓoye mata, ga shi duk gari sun ji da kiɗa a ƙasa.

Ya samu Yaya a tsakar gida tana shanya. Ya zuba bayani, fim ne, wasa ne, bai ambaci suna ba, zai je ya roƙi mai shagon. Ta tambaye shi me zai ce mata, cewa tana gani? Ta matse wani zani ta rataya, sannan ta ce ita ba ta ga ƙarshen fim ɗin ba.

"Shi wannan mai jin zuciyar mutane, da ya ji ta tsohuwar nan, wa ya gaya wa?"

Lasifika ya tuna. Mutumin ya wuce ta ne kawai, ya ɗauko mata tikitinta da ya faɗi, ya sa mata a hannu.

"Bai gaya wa kowa ba, Yaya."

"To," ta ce, ta ɗauki bokiti.

Washegari ya sa aka sake naɗar wurin, ya bar tsohuwar ba murya. Amma na farkon ya riga ya shiga wayoyi, an ma yanko wurin shi kaɗai ana turawa. Har yau in ya wuce, wasu kan tambaye shi saura nawa a gwangwani.

Yaya ba ta yi gaba da shi ba, da ma ta yi da ya fi masa sauƙi. Tana amsa gaisuwa, tana tambayar 'ya'yansa. In ya ce yaya idon, ta ce da sauƙi, ta kawo zancen zafin rana. Kunnen nan nasa ba ta sake murɗawa ba. Ranar da aka yi mata aiki a idon hagu, a bakin mai wanki ya ji, bayan kwana uku, kuma maƙwabciyarta ce ta riƙe mata hannu zuwa asibiti.

Gwangwanin yana kan tagarsa. Matarsa ta so ta kwashe alluran ranar da maɓallin rigarta ya cire, ya ce ta bar su. Sun fara tsatsa a jikin soson, farin zaren ya koma ruwan ƙasa.