Yadda Ciyaman Ya Zama Arkifolifoda

Tela mutum ne da ba a taɓa jin ya zagi kowa ba. Sana'arsa ɗinkin labule: ya auna taga, ya yanka yadi, ya ɗinka, ya je ya rataye da hannunsa. Ko allura ce ta soke shi, iyakarta ya tsotsi yatsa ya ci gaba da aiki. Matarsa takan ce faɗa da shi kamar faɗa da matashin kai ne, kai ne za ka gaji.

Ana nan sai yayan matar tasa ya zo musu kwana biyu, wai rufin gidansa na yoyo, zai ɗan fake kafin a gyara. Damina ta wuce, rani ya wuce, wata daminar ta kama, bai ƙara ta da zancen rufi ba. Ciyaman ake ce masa, don babu ƙungiyar da zai shiga bai zama shugabanta ba. Bai yi wata guda a gidan ba ya kafa Ƙungiyar Mazauna Layi, ya zama shugaba, ya mai da falon Tela zauren taro. Duk wannan Tela ya shanye. Abin da ya tsaya masa a wuya shi ne takalma. Ciyaman yana da takalmin zuwa taro, da na dawowa daga taro, da na gaishe da marar lafiya, da na tsayawa a ƙofar gida, ga su nan jere reras a ɗan lungun da ya haɗa ɗakin ɗinki da ƙofar fita.

Wata rana Tela yana kan tsani a falon wani likita yana rataye labule, talabijin na kunne babu mai kallo. Shiri ake yi kan halittun zamanin da. Ya waiga ya ga hoton wata irin ƙadandoniya mai ƙayoyi a gadon baya, ƙafafu kamar gezar labule. Mai bayani ya ce dangin nan sun ƙare tun kafin a yi mutum, sunansu arkifolifoda. Kalmar ta yi wa Tela daɗi a baki. Ya dawo gida da ita, yana taka keken ɗinki yana maimaita ta a zuci, ta kuwa yi daidai da tafiyar keken.

Bayan 'yan kwanaki, da safe, ya ɗauko naɗin labule a kafaɗa zai fita. Ƙafarsa ta shige wani takalmi, ɗayar ta taka wani, ya tafi luu ya faɗi, gwiwarsa ta daki bakin ƙofa. Ciyaman ya leƙo daga banɗaki da burushi a baki, ya dubi Tela a ƙasa, ya dubi takalman.

"Tela, ka riƙa kula mana. Na zuwa taro ne ka take."

Tela ya ɗago kai. Bai ɗaga murya ba. Ya ce, "Yaya, kai dai arkifolifoda ne."

Matarsa da ke wanke kofunan shayi ta kashe famfo. Ciyaman ya zare burushin a hankali.

"Me ka ce da ni?"

Nan take Tela ya manta da ciwon gwiwa. Ya ce, "Ai... kalma ce ta masana, Yaya. Manya ake gaya wa. Waɗanda suka riga kowa."

"Sake faɗa in ji."

Ya sake faɗa. Ciyaman ya gwada da bakinsa, kumfa na fita. Ya gyaɗa kai, ya ce ai dama ya daɗe yana jin Ciyaman ɗin nan ta yi masa kaɗan, tunda ko masu tura baro suna da nasu ciyaman.

Kafin mako ya zagayo, maganar ta cika layi. Ciyaman ya sa aka rubuta kalmar a wani allon ƙarfe aka kafa a ƙofar gidan Tela, saman allon da ke cewa ana ɗinkin labule, har wata mata ta shigo tana tambayar ko sabon yadi ne. Maƙwabta suka riƙa zuwa taya murna. Tela da kansa aka sa ya ɗinka wani ƙyalle mai geza da Ciyaman zai riƙa ratayawa a kafaɗa in zai zauna taro. Yana ɗinkin, sau biyu yana warware layi.

Da suka keɓe, matarsa ta ce, "Baban yara, zagi ne ko?"

"Wa ya gaya miki?"

"Na ga idonka lokacin da ka faɗa. Ni daɗi ma na ji. Ashe kana da baki."

"In ya gane fa?"

"Yayana ne, na fi ka sanin shi. Ka dai ci abincinka."

Mataimakin shugaban ƙungiya shi ne Mai Kemis, wani siririn mutum mai tabarau da ya daɗe yana hangen kujerar. Shi bai zo taya murna ba. A taron da ya biyo baya, bayan an gama maganar kwata da ta toshe, ya miƙe da wayarsa a hannu ya ce yana da ɗan ƙarin haske kan sabon muƙamin shugaba. Tela, wanda ke zaune can kusa da ƙofa a falonsa na kansa, ya fara auna tazarar da ke tsakaninsa da titi.

Mai Kemis ya gyara tabarau ya karanta. "Kalmar daga tsohon yaren Girkawa aka harhaɗa ta, ma'anarta tsofaffi masu ƙafafu da yawa. Suna ne na wani rukunin dangin ƙadandoniya da suka ƙare tuntuni, sai dai a ga gurbinsu a jikin dutse. Wasunsu na da ƙayoyi a baya. Suna cikin halittun farko da suka taka tudu." Ya sauke wayar. "Ƙadandoniya, jama'a. Ita muka yi ta taya murna."

Wani ya yi tari don ya danne dariya. Ciyaman bai motsa ba. Ya shafa gezar ƙyallensa, ya ce, "Maimaita na ƙarshen nan."

"Suna cikin halittun farko da suka taka tudu."

"To. Madalla. Kafin su ana ina?"

"A ruwa, ina ji."

"Kun ji ko? Kowa na cikin ruwa, su suka fito. Haka na same ku a layin nan. Ƙafafu da yawa kuwa, wa ya kai ni zirga-zirga a kan maganar kwatar nan? Ƙaya a baya, a cikinku wa ya taɓa hawa kaina ya ji daɗi?"

"Sun ƙare fa, Ciyaman. Babu ko ɗaya a duniya."

"Ka ga saura ni kaɗai ke nan. Shi ya sa abin yake da daraja."

Aka tafa. Tela ya daina kallon ƙofa. Mai Kemis ya zauna, ya sake duba wayar, sannan ya sake miƙewa da wata irin murya. Ya ce in dai maganar riga kowa ce, shi ya buɗe kemis a layin nan tun ana kiwon awaki a inda gidan Tela yake. Ciyaman kuwa bara ya zo, shi ma fakewa. Saboda haka in akwai arkifolifoda a layin nan, to shi ne.

Taro ya rabu biyu. Da aka rasa yadda za a yi, sai aka ce ai ga wanda ya kawo kalmar, shi zai raba gardama. Aka naɗa Tela mai kula da kalma, ba tare da an tambaye shi ba.

Daga ranar ɗinki ya tsaya. Da ya zauna kan keke sai a yi sallama. Malamar makarantar yara ta zo tana so ta san yadda ake cewa ta mace. Mai wanki da guga ya zo tambayar ko ana gadonta, don ɗansa na fari yana da alamun abin. Wani direban tasi ya zo da kumburarren kunci, ya ce ya gaya wa wani fasinja mai kwarjini kalmar don girmamawa, mutumin ya kwaɗa masa mari, shin laifin wa? Tela ba ya iya korar mutum, don haka ya riƙa ƙirƙiro dokoki yana ba su. Ba a faɗinta a wajen layi. Ba a faɗinta ga wanda ya fi ka ƙarfi. Ba ta da jam'i, domin ba a taɓa samun biyu a wuri ɗaya ba. Wannan ta ƙarshen ita ta ƙara dagula lamarin, don Ciyaman da Mai Kemis kowa ya ce ta tabbatar da maganarsa.

Aka sa ranar yanke hukunci. An yi ruwa da rana, da yamma falon ya cika har da waɗanda ba su taɓa zuwa taro ba. A kusurwa kuma ga Iya mai gawayi, wata tsohuwa mai nauyin ji da ke zuwa kowane taro saboda kujerar falon Tela ta fi tata laushi, takan yi barcinta har a tashi. Ciyaman ya zauna da ƙyallensa, Mai Kemis ya zo da nasa da ya ba wani telan ya ɗinka, gezarsa ta fi tsawo. Tela ya tsaya a tsakiya ba tare da ya shirya hukunci ba.

Sai ga ƙadandoniya ta shigo ta ƙarƙashin ƙofa, baƙa mai sheƙi, tsawon ɗan yatsa da rabi, tana tafiyarta a natse a kan tayil kamar an gayyace ta. Malamar makaranta ce ta fara gani ta ɗage ƙafafu. Kowa ya ɗage nasa. Direban tasi ya cire takalmi zai kai mata duka, mai wanki ya riƙe hannunsa ya ce a'a, ba a san dangin wanne ce a cikin manyan ba tukuna.

Aka waiga wajen manyan. Ciyaman yana tsaye a kan kujera, ya tattare rigarsa. Mai Kemis yana kan teburin tsakiya, tabarau a karkace.

Tela ya dube su. Ya ce, "Hukunci ya zo da ƙafarsa. Ɗan'uwa ba ya ƙyamar ɗan'uwa. Wanda ya ɗauke ta da hannu ya fitar da ita waje, shi ne."

Ciyaman ya ce shi a matsayinsa na shugaba ya ba mataimakinsa dama. Mai Kemis ya ce hannunsa na ba da magani ne, doka ba ta yarda ba. Ƙadandoniya ta ci gaba da tafiya har ta kai ƙafar Iya, ta fara hawa. Iya ta buɗe ido, ta duba, ta sa yatsu biyu ta ɗauke ta. Abar ta naɗe kamar zobe a tafin hannunta. Ta ɗingisa zuwa ƙofa, ta ajiye ta a gindin fulawa, ta dawo ta zauna.

Malamar makaranta ta matsa kusa da kunnenta ta gaya mata an ba ta muƙami.

"Akwai aiki a ciki?"

"Babu, Iya."

"To na karɓa." Ta koma barcinta.

Ciyaman da Mai Kemis suka fita tare, suna cewa an yi musu maguɗi. Washegari suka kafa Ƙungiyar Waɗanda Aka Zalunta, Ciyaman shugaba, Mai Kemis mataimaki. Hedikwatarta ɗakin da ke saman kemis, kuma Ciyaman ya ce dole shugaba ya tare a can, don bai dace mutum irinsa ya zauna a ƙasa inda komai ke shigowa ta ƙarƙashin ƙofa ba. Ƙanwarsa ta taya shi haɗa kaya tana waƙa ƙasa-ƙasa.

Mutanen layi suka koma gaishe da Iya da sunan, ita kuma ta amsa da lafiya lau. Wata rana Tela ya je sayen gawayin guga, tana auna masa ta ce, "Ɗan nan, wai sunan nan da kuke kirana da shi, mene ne shi?"

Tela ya tsuguna kusa da kunnenta ya gaya mata gaskiya: tsohuwar ƙadandoniya ce mai ƙafafu da yawa, wadda danginta duk suka ƙare.

Iya ta ƙulla bakin leda. Ta ce, "Tsufan da ƙarewar dangin duk gaskiya ne. Ƙafafun ne dai aka yi mini ƙari. Biyu gare ni, ɗayar ma sai ta ga dama."