Rabin Filin Kafinta

Kafinta na tsaye a gaban alƙali yana neman inda zai ajiye hannuwansa. Ya sa su a aljihu, lauya ya harare shi. Ya harɗe su a ƙirji, ya ga kamar rashin kunya ne. Daga ƙarshe ya dafa akwatin shaida, kuma duk da tashin hankalin da yake ciki, sai da ya lura cewa wanda ya yi aikin bai goge katakon da kyau ba.

"Ka san filin nan jingina yake a hannun ƙungiyar gama kai?" in ji lauyan ƙungiyar.

"Na sani, ranka ya daɗe. Ni na kai musu takardar da hannuna, lokacin da suka ba ni bashin injin yankan katako."

"Amma ka sayar."

"Rabi na sayar."

"Me ya sa rabi?"

Kafinta ya dube shi da tausayi, irin kallon da ake yi wa mutumin da ya sha boko amma ƙaramin abu ya gagare shi. "Ai rabin bashin na biya. Ranar da na cika rabi, na ɗauki tef na auna filin, na kafa turaku a tsakiya. Gabas ya zama nawa, yamma na ƙungiya. Wallahi ko taku ɗaya ban shiga nasu ba."

Dariya ta ɓarke a bayan kotu. Alƙali ya cire tabarau ya daɗe yana gogewa kafin ya iya magana.

"Malam, jingina ba katako ba ce da za a sa mata zarto. Muddin da sauran bashi, filin gaba ɗaya a ɗaure yake."

Mutum ɗaya ne bai yi dariya ba, wato Mai Faci, wanda ya sayi rabin. Shagonsa na jikin na Kafinta tun suna samari, a kwano ɗaya suke cin abincin rana. Duk abin da ya tara daga facin taya ya zuba shi a filin nan, gini har ya kai linta, mai gidan hayarsa kuma ya riga ya ba shi notis. Ana cikin haka ƙungiya ta kawo takardar kotu aka tsayar da aiki. Wani lauya ya ba shi shawara shi ma ya yi ƙarar Kafinta, ya yi. Tun daga ranar ko gaisawa ba sa yi, kowa na cin abincinsa yana fuskantar bango.

Alƙali ya ce ya ba su zuwa la'asar su sasanta. In ba haka ba zai soke cinikin, gini kuma ya bi fili.

A baranda Kafinta ya tarar da matarsa zaune a benci, ta zabga tagumi.

"Baban yara, ban ce ka tambaya ba?"

"Kin ce."

"Ka ce me?"

"Na ce abin a bayyane yake."

"To ga shi ya bayyana." Ta miƙa masa ruwa, ta gyara masa wuyan riga. "Sha. Matambayi dai ba ya ɓata, amma kai kunnen ƙashi gare ka tun kana da baƙin gashi."

Ya kurɓa, ya miƙa mata sauran. Kunyar dariyar da aka yi masa ba ta dame shi ba. Abin da ke cinsa shi ne 'ya'yan Mai Faci, waɗanda ke kiransa Baba, a ce shi ne ya jefa su titi da tef ɗinsa.

Shi da Mai Faci da lauyoyi da mutanen ƙungiya suka taru a wani ɗan ofis mai fanka ɗaya. Shugabar ƙungiyar, wata dattijuwa mai sayar da yadi, ta yi magana ba tare da ɗaga murya ba.

"Ɗan'uwa, mun san ba cuta ka yi niyya ba. Ba ka taɓa fashin biya ba. Amma dukiyar nan ta jama'a ce, rabin da ya rage kuma kwari ne, ba zai tsaya wa bashin ba. Ka kawo ɗan ƙungiya ɗaya da zai tsaya maka da shagonsa, mu saki ɓangaren da aka gina."

Kafinta ya fita da waya. Mai fenti ya ce yana asibiti. Mai walda ya ce sai ya yi shawara da iyali. Ƙanin matarsa kuwa ya yi ta "ban ji ba, ban ji ba" har layin ya katse. Labarin tef ya riga shi isa ko'ina. Ya dawo ya zauna, ya ɗora wayar a kan tebur, kowa ya gane.

"A kawo takardar," in ji Mai Faci, wanda shi ma ɗan ƙungiyar ne, yana kallon fanka.

Lauyansa ya zabura. "Malam, kai ne fa ka yi ƙararsa! In ya gaza biya, shagonka za a ɗauka. Ga fili a rikici, ga shago ya tafi."

"Na ji. To wa ya fi ni sanin inda yake kwana?"

"Kada ka yi," in ji Kafinta. "Na riga na jawo maka ɗaya."

"Da kai nake magana?" Mai Faci ya juya wajen shugabar. "Hajiya, mutumin nan wawa ne, amma ba ɓarawo ba ne. Ɓarawo da duka zai sayar."

Ya dangwala yatsa. Shugabar ta ce da wannan baƙin hannun nasa na facin taya ma an yi asarar tawada. Aka koma gaban alƙali, aka karanta sulhu, aka janye ƙara.

A bakin titi Kafinta ya yi ta juya godiya a bakinsa, ya rasa ta inda zai kama. Matarsa ta ja baya da gangan, wai tana neman wani abu a jaka.

"Abokina," ya fara.

"Rufe min baki. Daga yau ka daina hawa rufin mutane ba tsani. Maganin hawan jinin nan da kake ɓoyewa a ƙarƙashin teburin aiki, a gabana za ka riƙa sha. Ko tari ka yi, ni za ka fara faɗa wa."

Kafinta ya yi dariya, idonsa ya cika da ƙwalla. Don kada a gani, ya sa ƙafa zai tsallaka titi. Mai Faci ya fizgo shi baya da ƙarfi, wata bas ta wuce da gudu.

"Kai! A hankali mana. Kai yanzu ba naka ba ne."

Bai saki hannun ba har suka haye.