Likkafanin Iya Maijidda

Shekarar da fari ya ƙone gonakin Makoda, gidan Muntaka sun ci dusa, sun ci tafasa, daga ƙarshe suka daka irin geron da suka ajiye don shuka. Abu ɗaya ne hannu bai kai kansa ba: tulun da ke ƙarƙashin gadon kakarsa, Iya Maijidda, an liƙe bakinsa da yumɓu. Ta ce likkafaninta ne a ciki, gudun gara.

Iya ta tsufa ƙwarai. Sa'o'inta sun tafi, 'ya'yansu ma sun bi su. In aka ce mata Allah ya ƙara nisan kwana, sai ta ce, "Kai dai ba ka da tausayi."

Ranar da ruwan shuka ya sauka, Muntaka ya zauna bakin ƙofa yana kallon jiƙaƙƙiyar ƙasa, ba shi da ko ƙwaya. In daminar nan ta wuce bai shuka ba, sai dai ya kwashi iyali su bar garin.

Sai ga muryar Iya: "Muntaka! Jawo min tulun nan. Lokaci ya yi."

Matarsa Huseina ta ɗora hannu a ka ta kurma ihu. Maƙwabta suka cika tsakar gida. Liman, Malam Khalilu, ya shigo sharkaf ya durƙusa. "Iya, a yi kalmar shahada."

"Na yi tun asuba, Malam. Matsa, ka tare min haske."

Muntaka ya ɓalle yumɓun. Ba ko ƙyalle. Gero ne fal, an cuɗe shi da toka saboda ƙwari.

"Iya, ina likkafanin?"

"Na ba wani ɗan kasuwar Dawanau, ya auno min wannan."

"To in ta Allah ta kasance fa?"

"Yunwa wacce ce ban gani ba? Ban taɓa ganin an binne mutum tsirara ba, kunya za ta sa ku nemo. Amma na ga gari ya cinye irinsa kaf. Da na ce gero ne, da kai da mai ihun nan kun dama kunu da shi."

Huseina ta sauke hannunta a hankali.

Muntaka ya saɓi sungumi zai nufi gona. Malam Khalilu ya yi gyaran murya, ya cire hularsa ya tara. "Iya, ko za a ɗan sam mana likkafanin?"

"Cika masa hular," in ji Iya. "Amma Malam, ranar da na tashi tafiya, farin yadin yana wuyanka."